Ku Tambayi Malamin Zane: Mutumin Tururuwa da Ƙattin Bayan Ganuwa

Wasiƙun wannan wata sun taru a kan abu guda kamar an haɗa baki, wato littattafan labari cikin zane da yara ke kira kwamik, musamman waɗanda jarumansu ke ƙanƙancewa ko su kumbura su zama ƙatti. Na zaɓi huɗu. Masu tambaya a kan fenti da burushi su yi haƙuri sai wata mai zuwa.

Malam, barka da aiki. Musu ne ya kaure a teburin mai shayin da muke zama. Ni na ce Ant-Man a fim aka ƙirƙiro shi a 2015. Abokina ya ce tsohon littafi ne tun ba a haife mu ba, wai ma yana cikin waɗanda suka kafa ƙungiyar Avengers. Mun yi da shi wanda ya faɗi zai biya shayi. Wa ke da gaskiya?
*Wani tela, Titin Bauchi, Jos*

Ƙanena, ka tanadi kuɗin shayi, ka haɗa da biredi da ƙwai, don abokinka ya kayar da kai ta kowane ɓangare.

Ant-Man, wato Mutumin Tururuwa, ya fara fitowa ne a mujallar Tales to Astonish ta kamfanin Marvel, lamba ta 27, mai ɗauke da kwanan watan Janairun 1962. Lokacin Nijeriya ba ta cika shekara biyu da samun 'yanci ba, Sardauna yana Firimiya a Kaduna. Stan Lee ya kawo labarin, ƙanensa Larry Lieber ya rubuta maganganun, Jack Kirby ya zana. Shafi bakwai ne kacal, kuma ba jarumi suka yi niyyar ƙirƙirowa ba, labarin ban tsoro ne irin na cike gurbi. Wani masanin kimiyya mai suna Hank Pym ya haɗa ruwan maganin da ke ƙanƙanta abu, ya gwada a jikinsa, ya koma ɗan mitsitsi, ya faɗa gidan tururuwa suka bi shi da gudu. Wata tururuwa guda ce ta taimake shi, ta ɗauke shi a bayanta ta hau bango da shi zuwa tagar da ya ajiye maganin komawa daidai. Da ya dawo girmansa sai ya zubar da magungunan, ya ce ya tuba. Mujallar ta yi kasuwa, sai aka dawo da shi a lamba ta 35 cikin wannan shekarar, sanye da jajayen kaya da hular ƙarfe wadda yake magana da tururuwa da ita.

Zamanin ya taimaka. Amurkawan wancan lokaci suna cikin fargabar bam ɗin nukiliya da abin da kimiyya za ta iya jawowa. A 1954 sun yi fim na tururuwa da suka zama ƙatti saboda gwajin bam a hamada, a 1957 kuma suka yi na mutumin da ke ta raguwa kullum har kyanwar gidansa ta zamar masa dodo. Kamfanin DC ma ya riga Marvel da 'yan watanni, ya fito da nasa mai ƙanƙancewar, Atom, a 1961.

Batun Avengers kuwa, su biyar ne a fitowar farko ta 1963: Iron Man, Thor, Hulk, Ant-Man da Wasp, wadda daga baya ta zama matarsa. Ita ce ma ta raɗa wa ƙungiyar suna.

A nan nake da ƙorafi a kan Marvel. Kafin shekarar 1963 ta ƙare sun mayar da shi ƙato, suka ce sunansa Giant-Man, don suna ganin ɗan ƙaramin mutum ba zai yi kwarjini a gefen Thor da Hulk ba. A ganina nan suka zubar da abin da ya sa aka so shi. Ƙatti sun cika littattafansu, amma mutumin da zai shiga ramin makulli, wanda ƙasan kujera ta zamar masa daji, shi kaɗai ne. Daga nan sai sauya suna, Goliath a 1966, Yellowjacket a 1968, har marubutan suka mayar da rashin natsuwar ta zama halinsa: mutum mai ganin kullum an raina shi. Shi ya ƙera mugun mutum-mutumin nan Ultron a littafi, ko da yake a fim an ɗora wa Tony Stark, wato Iron Man. A wata fitowa ta 1981 ya mari matarsa, kuma masu karatu ba su yafe masa ba har yau.

Wanda ka gani a fim ɗin 2015, wanda Paul Rudd ya fito a matsayinsa, Ant-Man na biyu ne, Scott Lang, da aka ƙirƙiro a 1979. Tsohon fursuna ne mai aikin lantarki, ya saci kayan Pym don ya ceto likitar da za ta yi wa 'yarsa aikin zuciya. Uba mai laifi a baya da ke son 'yarsa ya fi sauƙin sayarwa, kuma ya sayu, fim ɗin ya tara sama da dala miliyan 500. Ni dai a wajen masu baza tsofaffin littattafai a ƙasa kusa da Kasuwar Terminus na fara cin karo da shi, shekaru da dama kafin gobarar 2002, galibi bango ya yage, sai ka karanta rabin labari ka ƙarasa sauran da kanka.

Malam, ina aji shida na sakandare, ɓangaren kimiyya. Don Allah a ilimance mutum zai iya komawa kamar tururuwa ya rayu, ko ya kai tsawon bene mai hawa biyar? Malamin fiziks ɗinmu dariya kawai ya yi da na tambaye shi.
*Ɗalibi, Farar Gada*

Ɗana, tambayarka ba abin dariya ba ce, manyan masana sun ɓata tawada a kanta.

Shiga kicin ka ɗauko dunƙulen magi. Idan kana son ka gina wani dunƙulen da ya ninka shi biyu a tsawo da faɗi da kauri, guda nawa za ka jera? Takwas. Amma guda nawa ne ke taɓa tebur? Huɗu. Nauyi ya ninku takwas, gindin da ke ɗauke da shi ya ninku huɗu kawai. Duk amsar tana nan.

Yanzu ɗauki mutum mai tsawon mita 1.7 da nauyin kilo 70, ka ninka shi goma ta kowace fuska. Tsawonsa ya zama mita 17, kusan benen da ka ambata. Nauyinsa ya ninku dubu, ya zama kilo 70,000, wato tan 70. Gindin ƙashin cinyarsa da ke ɗauke da nauyin kuwa sau ɗari kawai ya ƙaru. Ke nan kowane ɗan yanki na ƙashin yana ɗauke da ninki goma na abin da ya saba ɗauka. Galileo ya yi wannan lissafi a littafinsa na 1638, har ya zana ƙasusuwa biyu don ya nuna yadda na babbar dabba dole ya yi kauri fiye da kima. Masanin halittu ɗan Birtaniya J.B.S. Haldane ya dawo da zancen a wata maƙala ta 1926, inda ya nuna ƙaton tatsuniya zai karya cinya duk takun da ya yi. In ka je Yankari ka dubi ƙafar giwa, sannan ka tuna ta barewa. Mutumin da ya fi kowa tsawo a tarihin da aka auna, Ba'amurke Robert Wadlow, mita 2.72 ne, sai da ƙarafan tallafi a ƙafa yake tafiya, kuma ya rasu a 1940 yana da shekara 22, sanadin ciwon da ƙarfen ya ji masa a idon sawu. Bai ma kai mita uku ba.

Ƙanƙancewa ta fi ban sha'awa, don tana da riba da asara. Ribar ita ce wannan doka ta juyo ta goyi bayanka. Tururuwa na ɗaukar abin da ya ninka nauyinta sau da yawa, ba don tsokarta ta fi taka ba, sai don jikinta ba shi da nauyin da zai cinye ƙarfin. Faɗuwa ma ba ta kashe ta, ka jefo ta daga saman bene ta tashi ta kama gabanta, iska ta tare ta. Asarar kuma ita ce zafin jiki. Ƙaramin jiki fatarsa ta yi yawa a kan abin da ke cikinsa, zafi na zurarewa da sauri. Akwai wata irin jaɓa da nauyinta bai wuce giram biyu ba, kullum sai ta ci abin da ya fi nauyin jikinta, zuciyarta na bugawa sama da sau dubu a minti, duk don kada ta sandare. To ka kawo mutum mai jini mai ɗumi, wanda bai kai ta girma ba, ka ajiye shi a Jos cikin hunturun Disamba da asuba. Ba zai kai hantsi ba. Ga ruwa kuma: ɗigo ɗaya zai manne masa ya riƙe shi yadda kake ganin ƙuda ya kasa fita daga kofin shayi.

Sai babbar matsalar da marubutan suka kasa warwarewa: ina nauyin ya tafi? In ya ƙanƙance da kilo 70 ɗinsa, ba tururuwar da za ta goya shi, zai ma huda ƙasa ya nutse. In kuma nauyin ya ragu, naushinsa ba zai kayar da ko ɗan tsako ba. Fim ɗin 2015 ya ce nauyi na nan, sannan ya nuna tsoho yana yawo da tankar yaƙi a maƙale da makullansa. Duk inda lissafi ya ƙi, sai su ce ƙwayoyin Pym, wato sinadarin da Hank Pym ke ƙanƙancewa da shi, su ne suka yi aikinsu, a wuce wurin.

Wannan ma wani tasiri ne na littattafan da ba a cika faɗa ba: sun shiga aji. Wani farfesan fiziks na Jami'ar Minnesota, James Kakalios, ya fitar da littafi a 2005 yana koyar da darasin ta hanyar jaruman kwamik, kuma Ant-Man na ciki. Ka koma wa malaminka da lissafin magin, cikin ladabi.

Malam, ina cikin damuwa. Ɗana mai shekara 13 ya duƙufa karanta wani littafin zane a waya, na leƙa na ga waɗansu ƙatti tsirara suna cin mutane. Daga dama yake karantawa zuwa hagu. Ya ce na Japan ne, duk 'yan ajinsu suna karantawa. In ƙwace wayar ne?
*Wata uwa, Unguwar Rogo*

Hajiya, Allah ya shirya mana su. Abin da kika gani sunansa Attack on Titan. Wani matashi ɗan Japan, Hajime Isayama, ya fara shi a watan Satumban 2009 yana da shekara 23, ya kammala a Afrilun 2021, littafi 34. An buga sama da kwafi miliyan 100, an mayar da shi katun na talabijin daga 2013 zuwa 2023. Karatu daga dama kada ya tayar miki da hankali, haka Japanawa ke jera littattafansu na zane, yadda muke buɗe na ajami. Ƙattin kuma ba su da tufafi amma ba a zana musu al'aura ba. Matsalar jini ce da kisa, kuma suna da yawa. Masu buga shi da Turanci sun sa masa shekara 16 zuwa sama, China ma ta hana shi a 2015. Ni ma ina ganin ɗan shekara 13 ya yi ƙanƙanta.

Amma bari ki san abin da ke ciki kafin ki yanke hukunci. Mutane ne suka ɓuya a bayan ganuwa uku, ɗaya cikin ɗaya, kowace tsawonta mita 50, shekara ɗari ba abin da ya same su. Ƙattin da ke waje daga mita 3 ne zuwa 15, ba sa iya haurowa. Rana ɗaya sai ga wani mai mita 60 ya ɗora hannu a kan ganuwar ya leƙo. Ya fasa ƙofa, aka cinye mahaifiyar wani yaro, Eren, a gaban idonsa, ya rantse sai ya ƙarar da su. Marubucin ya taso ne a wani ƙauye da duwatsu suka kewaye a lardin Oita, ya kuma ce wani mashayi da ya taɓa cakumarsa a shagon intanet inda yake aiki ne ya ba shi siffar ƙattin, wato halitta mai kamar mutum wadda ba ta jin magana. Yau a garinsu akwai gumakan yaran labarin uku a gindin wata madatsar ruwa, an kafa su a 2020, sun ɗaga kai suna kallon bangonta, baƙi na zuwa daga nesa don ɗaukar hoto.

Wanda bai gama karantawa ba ya tsallake wannan sakin layi da na bayansa. A tsakiyar labarin ake gano cewa ƙattin nan mutane ne aka mayar haka, kuma a hayin teku akwai wata al'umma da ta taso tana koya wa 'ya'yanta cewa mutanen cikin ganuwa shaiɗanu ne, kamar yadda na cikin ganuwa suka ɗauki na waje dodanni. Kowane ɓangare yana da gawarwakin da yake ƙirgawa da tarihin da yake karanta wa yara. Hajiya, ke da ni mun zauna a garin nan tun kafin rikicin Satumban 2001, mun san lokacin da mutum ke zama unguwar da ya ga dama, mun kuma san yadda aka koma kowa da tasa. Akwai yaran da aka haifa bayan nan da ba su taɓa cin abinci a gidan wanda ba addininsu ɗaya ba, alhali tsakaninsu tafiyar Keke Napep ce ta minti kaɗan. Ban yi mamaki ba da littafin ya kama yaran Jos, na kowane ɓangare.

Abin da ya fi damuna shi ne ƙarshensa. Yaron da aka zalunta ya girma ya saki dubban ƙatti su tattake duniya, ya hallaka mafi yawan bil'adama da sunan kare mutanensa, har abokansa na ƙuruciya suka haɗa kai da tsofaffin maƙiya don su tsayar da shi. Marubucin bai wanke shi ba. Amma ina ganin samari suna sa hotonsa a WhatsApp suna kiransa gwarzo, sun ɗauki fushin sun bar sauran. Babba zai gane inda aka dosa, yaro kuwa sai an zauna da shi.

Don haka ƙwace waya kaɗai ba zai yi ba, gobe zai karanta a ta abokinsa. Ki sa shi ya ba ki labarin da bakinsa, ki tambaye shi wa yake ganin ya yi daidai, me ya sa. Daga amsarsa za ki san inda yake. Ki gaya masa ya dakata sai ya ƙara shekaru, ki sa mahaifinsa ko kawunsa a maganar, a kuma ƙayyade lokacin waya, kada ta kwana a ɗakinsa. Hukuncin zanen mai rai kuma, wanda na san yana ranki ko da ba ki rubuta ba, wannan fagen malaman addini ne, ki kai musu.

Baba Malam, ina koyon zane, ina so in yi littafin kwamik da Hausa a kan wani ƙato. Duk yadda na zana shi sai ya fito kamar mutum mai ƙiba kawai. Me nake yi ba daidai ba? Kuma akwai masu saye kuwa?
*Wata ɗaliba, Bukuru*

'Yata, kin zana shi shi kaɗai ne a farar takarda, na sani ko ban gani ba. A takarda ba mai girma sai da abin da aka jingina shi da shi. Ki sa masa abin da idon mai karatu ya san girmansa: tankin ruwa, turken wutar lantarki, hasumiyar masallaci, tirela ɗauke da dankalin Turawa. Ki sauko da idonki ƙasa, ki zana shi kamar kina kwance a gindin ƙafarsa, ƙafafu manya, kai ɗan ƙarami can sama. Kada ki nuna shi duka. Abin da ya sa shafin Isayama ya tsorata duniya shi ne yatsu a kan ganuwa da kai yana leƙowa, sauran jikin mai karatu ne ya ƙarasa shi a ransa. Ki sirirta layin abin da ke nesa, ki kaurara na kusa, ki sa shirwa tana shawagi daidai ƙirjinsa. Ranar Asabar ki je Dutsen Riyom ko tsaunukan Shere da takarda, ki zana dutsen shi kaɗai, ki sake zana shi da makiyayi da shanunsa a gindi, ki kwatanta biyun. In ɗan ƙarami kike so, juya dabarar: ki ajiye ido a kan tabarma ki ga yadda butar alwala ke komawa.

Labari kuwa ba sai kin aro ba. Tarihin Kano ya kawo zancen mutanen Dala, zamanin Barbushe, da ƙaton mafarauci mai kashe giwa da sanda ya ɗauko ta a ka. Ga Dodo. Ga Gizo, wanda ya ba giwa bakin igiya ya ba dorina ɗaya bakin, kowace tana zaton da shi take ja, shi kuwa yana gefe. Kakanninmu sun riga Marvel sanin cewa wanda ya raina gajere bai taka kunama ba, kuma ni da za ki ji tawa, da Gizon za ki fara, ƙaton ya zama abokin karawarsa.

Kasuwa sai an gina ta. A Legas kamfanin Comic Republic ya fara a 2013 yana sakin littattafansa kyauta a intanet har ya samu masu karatu. Roye Okupe ya yi Malika, jarumar da ya gina a kan tarihin Sarauniya Amina ta Zazzau, da Turanci. Labarinmu ne, wani ya zana, kuma ya kyauta. Marubutan littattafan soyayya na Kano ba su jira wani kamfani ba a shekarun 1980, da kuɗinsu suka buga suka kai kasuwa, mata suka saya. Ke kina da abin da ba su da shi, waya. Kada ki fara da littafi mai shafi ɗari. Ki yi shafi ɗaya mai gida shida, maganganun da Hausar da ake yi a Bukuru, ki rubuta su da hannu yadda za su karantu a fuskar waya, ki saki ɗaya duk Juma'a. Na farkon ki aiko wa mujallar nan da sunan wannan fili, a zana da baƙar tawada, kada a naɗe takardar.